Jini ya nuna femfigus, me ya sa likita ya dage sai an yanki fata?

Tambaya: Likita, mahaifiyata ce, shekarunta 54. Wata biyar ke nan bakinta cike da gyambo, ko kunu da ƙyar take haɗiya. An ce zafin olsa ne, an ce taifod ne, an ba ta maganin kurkurar baki kala-kala, babu sauƙi. Yanzu kuma bororo ya fara fito mata a ka da ƙirji da baya, kafin ka ankara ya fashe ya bar ciwo. Likitan fata ya ce yana zargin femfigus. An ɗebi jini an aika, sakamako ya dawo Dsg3 ya haura 150, Dsg1 kuma 60. Duk da haka ya ce sai an yanki fatarta wuri biyu. Tunda jini ya riga ya nuna, don me za a ƙara mata wani ciwon a kuma ƙara kashe kuɗi? Kuma lambobin nan me suke nufi?

Amsa: Sannu da jinya, 'yar'uwa, Allah Ya ba Hajiya lafiya. Ki bari a yi yankan. Da ni ce likitarta abin da zan nema ke nan, kuma zan so a yi shi kafin a ɗora ta a kan magani mai ƙarfi, in dai jikin nata zai iya jiran kwana ɗaya ko biyu. Amma ba na son ki yarda don kawai likita biyu sun faɗa, gara ki san abin da kowane gwaji yake gani da abin da ba ya iya gani.

Mu fara da fatar kanta. Saman fatar mutum ƙwayoyin halitta ne jere a kan juna kamar bulo, sahu-sahu, kuma ba siminti ne ya riƙe su ba, wasu 'yan maɓallai ne na furotin da kowace ƙwaya take maƙale maƙwabciyarta da su. Biyu daga cikin maɓallan nan su ne kika gani a takardar Hajiya: desmogilin na ɗaya da desmogilin na uku, waɗanda ake taƙaitawa Dsg1 da Dsg3. Ita kuma garkuwar jiki tana ƙera wasu makamai da ake kira antibodi, kowanne an ƙera shi ne don ya kama abu guda tak, kamar makulli da kwaɗonsa. Aikinsu kama ƙwayoyin cuta. A femfigus, jiki ne yake kuskure ya ƙera antibodi daidai da maɓallan fatarsa. Da zarar sun kama maɓallin sai ya saki, bulo ya rabu da bulo, ruwa ya taru a tsakani, bororo ya tashi. Ba wata ƙwayar cuta ce ta shigo daga waje ba, da ɗan gari aka ci gari. Shi ya sa duk maganin kashe ƙwayoyin cutar da aka yi ta ɗura mata wata biyar bai yi komai ba.

Wannan ba hasashe ba ne. A 1964 Ernst Beutner da Robert Jordon, a birnin Buffalo na Amurka, suka nuna cewa jinin masu femfigus yana ɗauke da antibodi masu kama tsakanin ƙwayoyin fata. Sai dai samun abu a jini ba ya nufin shi ne mai laifin, don haka aka ci gaba da musu har 1982, lokacin da Grant Anhalt da abokan aikinsa suka tace antibodin daga jinin marasa lafiya suka yi wa jariran ɓeraye allurarsu, fatar ɓerayen ta yi bororo irin na mutanen. A 1991 kuma Masayuki Amagai da John Stanley suka gano ainihin maɓallin da ake kai wa harin, wato Dsg3. Gwajin jinin da aka yi wa Hajiya jikan wannan aikin ne.

Labarin da kika bayar, baki tukuna sannan fata, ya zo daidai da lambobin, kuma akwai dalili. Maɓallan biyu ba a rarraba su daidai a jiki ba. A cikin baki da maƙogwaro Dsg3 ne ya yi yawa daga sama har ƙasa, Dsg1 ɗan kaɗan ne, ba zai iya riƙe komai shi kaɗai ba. A fatar waje kuwa Dsg1 yana ko'ina, ya fi yawa can sama, Dsg3 yana sahun ƙasa. To idan jiki ya fara da ƙera antibodin Dsg3 kaɗai, baki zai tsage domin babu mai taimako, amma fatar waje za ta riƙe domin Dsg1 ya ɗauki nauyin ɗan'uwansa. Ranar da jiki ya ƙara da antibodin Dsg1, babu sauran maɓallin da ya tsira, sai fata ta biyo baya. Abin da nake zaton ya faru da Hajiya ke nan tsakanin watan farko da na biyar. Wannan nau'in shi ake kira femfigus bulgaris, kuma a mafi yawan masu shi ta baki yake farawa, shi ya sa sukan yi watanni suna yawo tsakanin kemis da likitan haƙori kafin wani ya yi tunanin fata.

Akwai ƙaninsa, femfigus foliyeshas, wanda antibodin Dsg1 kaɗai yake da shi. Shi ba ya taɓa baki ko kaɗan, kuma tsagar can sama take, har ba a cika ganin bororon ba, sai dai fata tana ta saɓa tana ɓawo-ɓawo a ka da fuska da ƙirji. Wani abin mamaki, ƙurajen nan masu ruwa da ke fito wa yara lokacin zafi su fashe su bar ɓawo, waɗanda ƙwayar cutar stafilokokas ke kawowa, maɓalli ɗaya suke lalatawa: gubar ƙwayar cutar tana yanke Dsg1 kamar almakashi. A ƙarƙashin madubin likita tsagar tasu kusan iri ɗaya ce da ta foliyeshas, alhali ɗaya sati guda na maganin kashe ƙwayoyin cuta ya ishe shi, ɗayan kuwa jinyar shekaru ce. Ki riƙe wannan misalin, domin shi ne ya nuna cewa gwaji ɗaya, ko na fata ne, ba ya yanke hukunci shi kaɗai.

Yanzu ga tambayarki. Gano femfigus kamar murhu ne, duwatsu uku yake so kafin tukunya ta zauna: abin da ido da hannun likita suka gani a jikin mara lafiya, abin da fatar da aka yanka ta nuna, da abin da jini ya nuna. Likitan Hajiya yana da dutse biyu. Wataƙila kin ga ya ɗan murza fatarta da yatsa kusa da ciwon, saman ya zame kamar ɓawon dafaffen tumatir. Wannan alamar Nikolsky ce, sunan wani likitan Rasha da ya bayyana ta a 1896. Tana da amfani, amma ana samunta a wasu cututtukan ma, musamman mummunan saɓar fata da magunguna irin su Septrin da Fansidar da wasu magungunan farfaɗiya kan jawo, wanda mu nan mun fi ganinsa fiye da femfigus nesa ba kusa ba.

Gwajin jinin da aka yi, wanda ake kira ELISA, yana da kyau ƙwarai, amma tambayar da aka yi masa kawai yake amsawa. An shimfiɗa Dsg1 da Dsg3 a faranti, an zuba ruwan jinin Hajiya, an ce masa: akwai mai kama waɗannan biyun? Ya ce akwai. Ba a tambaye shi ko akwai wasu antibodin daban ba, don haka bai ce komai a kansu ba. Kuma akwai nau'in femfigus da wannan shirun yake da haɗari a kansa, wanda Anhalt ɗin nan ya bayyana a 1990. Shi yana zuwa ne tare da wani ƙari ko cutar daji da ke ɓoye a jiki, galibi ta jini da kaluluwa. Alamarsa ta farko ita ce gyambon baki mai tsanani da ba ya jin magani, leɓe ya yi ɓawon jini, ido ya yi ja. Masu shi da yawa Dsg3 ɗinsu yana tashi a ELISA kamar na kowa. Inda ake kama shi shi ne a fatar da aka yanka, domin hotonsa a madubi daban ne, sannan a bi da wasu gwaje-gwajen jini na musamman. Ba na cewa Hajiya tana da shi, ba kasafai ake samunsa ba, kuma labarinta ya fi kama da bulgaris na yau da kullum. Amma mace mai shekara 54 da gyambon baki na wata biyar, ba zan so in rufe ido in ce na tabbata ba.

Dalili na biyu, antibodi a jini ba shi ne cuta ba. Ana samun ɗan kaɗan ɗinsa a jinin wasu mutane lafiya lau, har da wasu 'yan'uwan masu femfigus da ba su taɓa yin ƙurji ko ɗaya ba. A wasu ƙauyukan Burazil akwai foliyeshas da ya zama ruwan dare, suna kiransa fogo selvagem, wato wutar daji, kuma a can an tarar da mutane da dama masu lafiya ɗauke da antibodin Dsg1. Lambar Hajiya ta yi sama da yadda za a ce kuskure ne, gaskiya. Amma abin da muke son gani da ido shi ne antibodin zaune a cikin fatarta, a daidai inda ɓarnar take. Kama ɓarawo a unguwa daban, kama shi a cikin ɗaki da kaya a hannu daban.

Dalili na uku shi ne wanda ya fi damuna. Maganin femfigus ba na sati biyu ba ne. Za a ba ta furedinisolon, wato maganin sitiroyid, mai yawa na watanni, maganin da kan tayar da suga da hawan jini, ya cinye ƙashi, ya buɗe ƙofa ga cututtuka, sannan a haɗa da wani mai danne garkuwar jiki. Na sha karɓar marasa lafiya da suka yi shekara biyu ko uku a kan wannan maganin, fuska ta kumbura, ƙugu ya lalace, in tambaya wane ne ya tabbatar da cutar, sai a ce ai likitan farko kallo ɗaya ya yi ya gane. A lokacin kuma magani ya riga ya dusashe hoton, fata ta warke, lambar jini ta sauka, ba ni da hanyar sanin ko tun farko femfigus ne. Ba zan iya tsayar da maganin da ƙwarin gwiwa ba, ba zan iya ci gaba da shi da kwanciyar hankali ba. Ɗinki biyu na yau ya fi wannan sauƙi.

Me ya sa wuri biyu? Domin tambaya biyu ce, kuma kowacce da inda ake samun amsarta.

Yanka na farko ana yin sa ne a gefen sabon bororo, ƙarami, wanda bai wuce kwana ɗaya ko biyu da fitowa ba, a haɗa da rabin bororon da rabin lafiyayyar fata. Ana sa shi a ruwan fomalin, a yanyanka siriri, a rina, a duba a madubi. Abin da ake nema shi ne a wane bene ginin ya tsage. A bulgaris tsagar tana can ƙasa, daf da sahun farko, sai ka ga sahun farkon ya rage a tsaye manne da ƙasa, kowace ƙwaya ta rabu da 'yar'uwarta kamar haƙoran tsoho, sauran ƙwayoyin kuma sun dunƙule suna yawo a cikin ruwan bororon. A foliyeshas tsagar can sama take. Idan kuwa ginin bai tsage a ciki ba, gaba ɗayansa ne ya ɗago daga tushe, to an bar maganar femfigus an shiga wata cuta, zan zo kanta.

Yanka na biyu shi ne mutane kan yi mamakinsa, domin a fatar da ido ke ganin lafiya lau ake yin sa, kamar faɗin yatsa ɗaya daga gefen ciwon. Idan aka yanka a cikin gyambon, saman fatar ya riga ya tafi, antibodin sun lalace, sai gwaji ya dawo babu komai alhali cutar na nan. Wannan samfurin ana daskarar da shi, a yanyanka, a zuba masa wani rini mai ƙyalli da ke kama antibodin ɗan Adam kaɗai, a duba a ɗaki mai duhu da madubi mai fitila ta musamman. Duk inda antibodi ya zauna sai ya haska kore shar. Ranar da na fara ganinsa ina ɗaliba na daɗe ban ɗago kai ba. A femfigus kowace ƙwaya an zagaye ta da koren zare, gaba ɗaya sai ya ba da hoton ragar masunta, ko wayar kejin kaji. Wanda ya gan shi sau ɗaya ba ya mantawa, kuma ba ya rikita shi da wani abu. Wannan gwajin ƙyallin shi ne mafi ƙarfin shaida a duk cututtukan bororo na garkuwar jiki.

A nan ne zan roƙe ki ki sa ido, domin a nan aka fi yin asara. Samfurin gwajin ƙyalli ba ya shiga fomalin. Fomalin yana ƙone antibodin, ko na ɗan lokaci ne aka tsoma shi an ɓata aikin. Ruwansa daban ne, ana kiransa ruwan Michel, wanda kan riƙe samfurin kwanaki da dama har ya isa inda za a duba. Idan babu shi kuma ɗakin gwajin yana kusa, ana iya sa shi a ruwan gishirin asibiti a kai cikin awa 24. Na taɓa yanka wa wani dattijo da 'ya'yansa suka sayar da tumaki biyu don wannan gwajin. Na ajiye kwalabe biyu, na juya ina ɗinki, wani ma'aikaci mai son taimako ya ga ɗayar kamar ba ta da isasshen ruwa ya cika ta da fomalin. Ba mu sani ba sai bayan sati uku da sakamako ya dawo cewa samfurin bai gwadu ba. Laifina ne da ban rubuta a jikin kwalbar ba, kuma tun ranar da hannuna nake rufe su kafin in ɗauki allurar ɗinki. Ba kowane asibiti ke yin gwajin ƙyalli ba a ƙasar nan, sau da yawa aikawa ake yi wani gari ko ma ƙasar waje, don haka ki tambaya tun kafin ranar: ina za a kai shi, a wane ruwa, wa zai kai, kwana nawa.

In kuma aka rasa hanyar yin gwajin ƙyallin kwata-kwata, ko kuɗin ya gagara, ba a tsaya jinya saboda shi. Alamomin da suka dace, da yankan farko da ya nuna tsaga a benen da ya dace, da ELISA mai ƙarfi irin na Hajiya, sun isa a ce femfigus ne a fara magani. Abin da ban yarda da shi ba shi ne jini kaɗai. A inda babu komai ma akwai wani tsohon gwaji mai arha da Arnault Tzanck ya kawo a Faransa a 1947: a kankari gindin sabon bororo a shafa a gilashi a rina, a nemi dunƙulallun ƙwayoyin nan. Ba ya tabbatar da cutar, amma yana nuna hanya, kuma yana tona asirin ƙwayar cutar hafis, mai kawo ƙananan ƙurajen ruwa a leɓe, wadda kan laɓe a cikin gyambon femfigus ta sa a ɗauka maganin ne ba ya aiki.

Yankan kansa ba abin tsoro ba ne. Allurar kashe zafi, sai wani ɗan ƙarfe mai zagayen baki kamar bututun biro, faɗinsa milimita 4, ɗinki ɗaya ko biyu, minti goma sha biyar an gama. Hajiya ta fi jin zafin cin abinci da take yi kullum.

Na yi alkawarin komawa kan ɗaya cutar, domin sunayen suna rikita mutane. Femfigoid daban, femfigus daban, Walter Lever ne ya raba su a 1953, kafin nan a kwando ɗaya ake zuba su. A femfigoid maɓallan tsakanin bulo lafiyarsu ƙalau, ƙusoshin da suka kafe saman fata da na ƙasa ne ake kai wa hari, BP180 da BP230. Tunda rufin bororon duk kaurin saman fata ne, sai ya tashi tantsan-tantsan kamar balan-balan, ya yi kwanaki bai fashe ba, saɓanin na femfigus mai laushi da ko riga ta goge shi ya tafi. Cutar tsofaffi ce, galibi waɗanda suka haura 70, tana zuwa da ƙaiƙayi mai hana barci, wani lokaci watanni kafin bororon farko, kuma ba ta cika damun baki ba. A gwajin ƙyalli ba raga ake gani ba, layi ɗaya ne miƙaƙƙe a iyakar saman fata da ƙasanta. Wasu magungunan suga na zamani, dangin bildagiliftin da linagiliftin, suna iya tayar da ita, kamar yadda kaftofiril na hawan jini da fenisilamin kan tayar da femfigus. Don haka ki tattara duk maganin da Hajiya ke sha a leda ɗaya ki kai wa likita, har da na gargajiya da man shafawa. Mayukan nan masu haɗin sitiroyid da ake saya a kemis ko na gyaran fata suna sauya kamannin ƙurajen, kuma mutane ba sa ɗaukarsu magani balle su faɗa.

Sai lambobin. A mafi yawan ɗakunan gwaji duk abin da ya kai 20 zuwa sama ana ɗaukarsa akwai antibodin, amma ki duba iyakar da aka rubuta a gefen takardar, domin kamfanonin da ke haɗa kayan gwajin sun ɗan bambanta. Saboda wannan bambancin, in za a maimaita, a maimaita a wuri ɗaya. 150 na wannan ɗakin da 90 na wancan ba lallai sauƙi ne aka samu ba, mudu ne ya canza. Kuma lambar ba kamar awon suga ba ce da ake bi ɗaya bayan ɗaya. In ta yi sama sosai gwajin yakan cika ya tumbatsa, mai 200 da mai ninkinsa su fito kusan ɗaya, sai an tsinka jinin kafin a ga bambanci. Shi ya sa wani lokaci mara lafiya yana warkewa a watannin farko amma lamba ta ƙi motsi, 'yan'uwa su tayar da hankali a banza.

Lambobin biyu ma halinsu ba ɗaya ba ne. Dsg1 mai gaskiya ne: in fata ta warke yakan sauka, in ya fara hawa bayan ya sauka, sau da yawa cutar na shirin dawowa, sai a matso da ranar ganin likita. Dsg3 kuwa mai taurin kai ne. Akwai waɗanda bakinsu ya warke sarai, suna cin tuwo da miyar yaji, shekara ta zagayo, lambar tana nan sama da 20. Dalili shi ne ba duk antibodin da ya kama maɓallin ne ke iya ɓalle shi ba. Wasu suna kama shi a daidai inda yake haɗuwa da ɗan'uwansa, su ne masu ɓarna, wasu kuma a gefe suke maƙalewa ba sa hana shi aiki. ELISA duka yake ƙirgawa, bai san mai ɓarna da ɗan rakiya ba. Don haka ni ba na ƙara wa mutum magani saboda takarda alhali bakinsa da fatarsa lafiya, ba na kuma rage masa saboda lamba ta yi kyau alhali sabon bororo na fitowa. Maimaita gwajin duk wata uku zuwa shida ya wadatar, in aljihu ya ba da dama. In bai ba da dama ba, gara kuɗin ya tafi ga magani da awon suga.

Na san dangi za su yi magana, in ma ba su riga sun fara ba. Ba sammu ba ne, ba kuma a ɗauka. Ki ci abinci kwano ɗaya da ita, ki wanke mata ciwon, jikoki su hau cinyarta, ita ce ma ya kamata a kare daga mai mura da tari in ta fara magani. Akwai wasu ƙwayoyin gado da ke ƙara yiwuwar kamuwa, shi ya sa cutar ta fi yawa a wasu al'ummu kamar Yahudawan Turai da mutanen Iran da Indiya, amma miliyoyi na ɗauke da su ba su taɓa yin cutar ba, kuma da wuya a ga uwa da 'ya duk suna da ita. Babu dalilin da zai sa ke ko ƙannenki ku je gwajin jini. Hanya ɗaya da antibodin ke tsallakawa daga mutum zuwa mutum ita ce ta mabiyiya, daga mai ciki zuwa jaririnta, shi ma jaririn bororon nasa kan warke da kansa cikin 'yan makonni in antibodin uwar suka ƙare a jininsa.

Kafin zuwan sitiroyid a wajajen 1950, kusan uku cikin huɗu na masu bulgaris mutuwa suke yi, yau kuwa mafi yawansu suna rayuwarsu, kuma abin da muka fi tsoro yanzu illar maganin ce da cututtukan da ke shiga ta gyambon. Sanin cewa antibodi ne ke ɓarnar shi ya kai mu ga rituksimab, ƙarin ruwan da ke share ƙwayoyin jinin da ke ƙera su. A wani babban gwaji da Pascal Joly ya jagoranta a Faransa, aka wallafa a 2017, kashi 89 cikin ɗari na waɗanda aka ba shi tare da ɗan gajeren sitiroyid sun warke sun ajiye duk magani bayan shekara biyu, a masu shan sitiroyid kaɗai kuwa kashi 34. Yana da tsada sosai, amma ki tambayi likitan, domin wani lokaci in aka lissafa shekarun ƙwayoyi da kwanciyar asibiti sai a ga tazarar ba ta kai yadda ake zato ba.

Ranar da za a yi yankan, a yi amfani da zuwan a ɗebi sauran jinin da dole sai an gani kafin a danne garkuwar jikinta. Na gaba-gaba shi ne ciwon hanta nau'in B. Yana da yawa a yankinmu, mutane da dama na ɗauke da shi ba su sani ba, kuma sitiroyid mai yawa ko rituksimab na iya tayar da shi daga barci ya lalata hanta. Gwajin HBsAg kaɗai bai isa ba, a haɗa da anti-HBc, wanda ke nuna wanda ya taɓa kamuwa ko da ya warke. A duba nau'in C da HIV, a ɗauki hoton ƙirji saboda tarin fuka, a auna suga da hawan jini da aikin ƙoda. In an taɓa maganar ba ta wani magani mai suna dafson, sai an duba G6PD tukuna, wani sinadari da ke kare jajayen ƙwayoyin jini, domin ƙarancinsa ya yawaita a cikinmu kuma maganin na fasa jinin mai shi. In kuma wani ya riga ya fara ba ta furedinisolon kafin ku zo wurin likitan fatar, kada ki tsayar da shi da kanki don gwaji, tsayar da shi farat ɗaya haɗari ne. Ki faɗa wa likitan ƙwaya nawa take sha da ranar da ta fara, zai yi yankan a haka, domin ragar nan ba ta gogewa daga fata cikin 'yan kwanaki.

Kafin ranar, kada a fasa sabon bororon da ya fito, kada a shafa masa komai, ko toka ko man shanu ko shuɗin maganin nan na kemis, domin shi likitan zai nema. In da hali ki zagaye wanda ya fito a daren da biro, da safe ki nuna masa.